Kiɗan Coci da Kiɗan Duniya a Turai Zamanin Haydn, Mozart da Beethoven: Tambayoyi da Amsoshi

Masu sha'awar tarihin kiɗan Turawa sukan ɗauka cewa akwai katanga tsakanin abin da ake rerawa a coci da abin da ake kaɗawa a fadar sarki ko gidan wasa. A zamanin da za mu yi magana a kai, katangar gajera ce, kuma makaɗan sun yi ta tsallaka ta safe da yamma. Ga tambayoyin da aka fi yi da amsoshinsu.

Wane zamani ake nufi da zamanin Kilasik?

Masana sukan fara ƙirga shi daga wajen 1750, shekarar da Johann Sebastian Bach ya rasu a Leipzig, su rufe shi wajen 1820 ko kuma 1827, lokacin da Beethoven ya rasu. Cibiyarsa ita ce Biyana, babban birnin Ostiriya, kuma sunaye uku ne suka mamaye shi: Joseph Haydn (1732 zuwa 1809), Wolfgang Amadeus Mozart (1756 zuwa 1791) da Ludwig van Beethoven (1770 zuwa 1827). Don mai karatu ya gane lokacin da kyau, Mozart tsaran Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ne, shekara biyu kawai Shehu ya ba shi. A 1804, shekarar da aka fara jihadi a ƙasar Hausa, Napoleon ya naɗa kansa sarkin sarakunan Faransa, Beethoven kuma ya fusata ya soke sunan Napoleon daga kan simfoninsa ta uku, wato wani dogon kiɗa na babbar ƙungiyar makaɗa.

Abin da ya bambanta kiɗan wannan zamani da na gabaninsa shi ne sauƙin bi. A da, muryoyi huɗu ko biyar ne ke tafiya tare, kowace da hanyarta, suna saƙa da juna. Yanzu sai aka fi son karin waƙa guda ɗaya a sama wanda kunne zai riƙe, sauran kayan kiɗa suna tallafa masa daga ƙasa, jimloli gajeru masu tambaya da amsa.

Me ake kira kiɗan ibada, me ake kira na duniya?

A ƙasashen Katolika, uwar kiɗan ibada ita ce Mas, babbar addu'ar coci, wadda ake rera sassa biyar nata da harshen Latin: Kyrie, neman jinƙai, Gloria, yabo, Credo, furta imani, Sanctus, tsarkakewa, da Agnus Dei, roƙon gafara da salama. Kalmomin ba sa canzawa, kiɗan ne kowane gwani ke sa nasa. Akwai kuma Requiem, Mas ɗin da ake yi wa mamaci, da waƙoƙin ibadar yamma da ake ɗauko wa daga Zabura, da Te Deum, waƙar godiya da ake yi idan an ci yaƙi ko an naɗa sarki.

Na duniya kuwa ya haɗa da opera, wato wasan kwaikwayon da ake rerawa daga farko har ƙarshe. Simfoni, kiɗan babbar ƙungiyar makaɗa ba tare da murya ba. Konceto, inda gwani ɗaya ke fafatawa da ƙungiyar. Sonata ta fiyano. Kiɗan masu goge huɗu da ake yi a ɗaki. Sai kiɗan rawa da na cin abinci da na lambu da dare. Wannan rabo ne na takarda. A aikace, wurin da aka yi kiɗan da wanda ya biya kuɗinsa su ne ke nuna wane ne wane.

To, wa ke biyan makaɗan?

Nan ne gizo ke saƙa. A farkon zamanin, yawanci makaɗi ba shi da mafita sai ɗayan biyu: ko ya yi wa coci aiki, ko ya yi wa basarake. Sau da yawa ma abu guda ne, domin a ƙasashen Jamus akwai garuruwan da babban bishop shi ne sarki, kamar Salzburg inda aka haifi Mozart, da Bonn inda aka haifi Beethoven, mazaunin babban bishop na Kolon.

Rayuwar Haydn ta ishe mu misali. A 1761 ya sa hannu a takardar aiki da gidan Esterházy, ɗaya daga cikin mafiya arzikin gidajen sarauta a Hangari, kan albashin gulden 400 a shekara (gulden kuɗin ƙasar ne a lokacin). Takardar ta ce zai sa kayan fada, ya bayyana a zauren jira kullum kafin azahar da bayanta don jin ko Yarima na son kiɗa, ya tsara duk abin da aka umarce shi, ya kula da kayan kiɗa, ya sasanta rigimar makaɗa, kuma kada ya ba wani abin da ya tsara ba da izini ba. Wanda ya san yadda makaɗin fada yake da ubangidansa a ƙasar Hausa, yana ci yana sha a inuwarsa, ba ya kuma yi wa wani sarki waƙa sai da yardarsa, ya riga ya fahimci rabin labarin. Yarima Nikolaus yana son wani irin goge mai suna baryton wanda kusan ba wanda ke kaɗawa, sai Haydn ya zauna ya tsara masa kiɗa sama da 120 na wannan goge. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Amma bara ma yana da dabararsa. A 1772 Yarima ya daɗe a gidansa na shaƙatawa, Eszterháza, makaɗa kuwa iyalansu na can Eisenstadt. Maimakon ya kai ƙara, Haydn ya tsara simfoni ta 45 yadda a ƙarshenta kowane makaɗi zai gama nasa, ya hure kyandirinsa, ya fita, har ya rage masu goge biyu kacal. Masu rubuta tarihinsa sun ce Yarima ya gane saƙon, aka yi shirin komawa gida. Sai a 1779 aka sabunta takardar aikinsa, aka bar shi ya sayar wa masu ɗab'i kiɗansa, daga nan sunansa ya ƙara bazuwa a Turai.

Masu tsara kiɗan coci daban ne da na fada?

Mutanen guda ne. Coci ce ma makarantar kusan dukkansu. Haydn ya shiga ƙungiyar yara mawaƙa ta babbar cocin Saint Stephen a Biyana yana ɗan shekara takwas, ya yi kusan shekara tara a can, da muryarsa ta fashe aka sallame shi ya shiga gari neman abinci. Beethoven yana ɗan shekara goma sha uku aka ba shi muƙamin mataimakin mai kaɗa ogan, babban kayan kiɗan coci mai bututu, a fadar Bonn. Schubert, wanda ya zo a ƙarshen zamanin, shi ma yaron kwaya ne, wato ƙungiyar mawaƙa, a cocin fadar sarki daga 1808. Mai gogen da ya raka Mas da safe shi ne zai kaɗa wa masu rawa da dare, sau da yawa da gogen nan guda.

Haydn kuwa bai ga wani saɓani a ciki ba. Yakan buɗe takardar kiɗansa da sunan Ubangiji, ya rufe da godiya ga Allah, ko da kuwa kiɗan na wasan barkwanci ne.

In mutum ya rufe ido, zai iya bambance Mas da opera?

Wani lokaci da ƙyar. Ga misali da kowa zai iya gwadawa da kunnensa: a Mas ɗin da Mozart ya tsara a 1779, wanda ake wa laƙabi da na naɗin sarauta, sashen Agnus Dei yana buɗewa da wani kari mai taushi na murya ɗaya. Bayan shekara bakwai, a operar Auren Figaro ta 1786, matar wani basarake tana kukan mijinta ya juya mata baya, sai ga kusan wannan karin a bakinta. Roƙon gafarar Allah da kukan matar da aka wulaƙanta, Ɗanjuma ne da Ɗanjummai a kunne.

Haka Exsultate, jubilate da ya tsara a Milan a 1773: waƙar coci ce, amma ya ɗinka ta ne daidai muryar Venanzio Rauzzini, tauraron da ya fito a operarsa makonni kaɗan kafin nan, kuma duk wani hawa da sauka na nuna gwaninta yana ciki. Babban Mas ɗinsa na 1783 da bai ƙarasa ba, bayan shekara biyu ya cire kalmomin Latin ya sa na Italiyanci, ya kai shi dandalin da ake biyan kuɗin shiga.

Duk da haka akwai alamun da coci ta riƙe. Ƙarshen Gloria da na Credo yawanci ana yin su da tsohon salon nan na muryoyi masu bin juna suna saƙa, wanda a lokacin ake ganinsa a matsayin harshen dattako. A Ostiriya akan sa manyan ƙahoni uku su bi muryoyin kwaya, kuma ogan ba ya rabuwa da kiɗan coci bayan an daina amfani da irinsa a simfoni. A ganina, masu cewa Mas ɗin wannan zamani opera ce da ta sa rigar limami sun wuce gona da iri, amma ba a banza suka faɗa ba.

Shugabannin coci ba su tsawata ba?

Sun tsawata, kuma ba sau ɗaya ba. A 1749 Fafaroma Benedict na 14 ya fitar da wasiƙa mai suna Annus qui, inda ya yarda da ogan da dangin goge a coci muddin suna taimakon kalmomin addu'a, ya kuma nemi a fitar da tambura, kakaki, ƙahonin farauta, sarewa da duk abin da ke da ƙamshin gidan wasa. A Ostiriya da kudancin Jamus maganar ba ta yi nisa ba, domin ranar idi ba ta cika a wurinsu sai da kakaki da tambari.

Wanda ya fi yin tasiri ba ma limami ba ne, sarki ne. Joseph na 2, wanda ya mulki ƙasashen Habsburg, gidan sarautar Ostiriya, shi kaɗai daga 1780 zuwa 1790, mutum ne mai ƙin almubazzaranci da son komai ya zama mai amfani ga ƙasa. Ya rufe ɗaruruwan gidajen sufayen Kirista waɗanda ba sa koyarwa ko jinya, ya rushe ƙungiyoyin ibada da ke ɗaukar makaɗa haya, sannan a 1783 ya kafa dokar da ta taƙaita amfani da ƙungiyar makaɗa a cocin Biyana, yana son jama'a su rera da Jamusanci da bakinsu. Makaɗa da yawa suka rasa abin yi. Sakamakon a bayyane yake a jerin ayyukan manyan: Haydn bai sake tsara Mas ba daga 1782 har 1796, Mozart kuwa Mas na ƙarshe da ya kammala na 1780 ne. Shekarun da suka fi ƙwarewa, opera da simfoni da konceto suka kwashe su. Ba imani ne ya ragu ba, kasuwa ce ta tashi.

Me ya haɗa Mozart da babban bishop na Salzburg?

Hieronymus Colloredo ya hau kujera a 1772, kuma ra'ayinsa ɗaya da na Joseph na 2. Yana son ibada gajera. A wata wasiƙa ta 1776 zuwa ga malamin kiɗa Padre Martini na Bologna, Mozart ya koka cewa ko a babbar rana, Mas gaba ɗayansa ba zai wuce minti 45 ba, amma kuma dole a sa kakaki da tambari. Shi ya sa yawancin Mas ɗinsa na Salzburg suke a dunƙule, kalmomi na gudu kamar ana korarsu.

Rigimar gaske dai ta daraja ce. Mozart ya zaga Turai tun yana yaro, ya kaɗa wa sarakuna a Biyana da Paris da Landan, Fafaroma ya ba shi lambar girma yana ɗan shekara goma sha huɗu. A 1781, da ubangidansa ya kira shi Biyana, sai ya tarar da kansa a teburin barori, ƙasa da masu yi wa bishop hidimar ɗaki, sama da masu dafa abinci, an kuma hana shi zuwa wasannin da zai sami kuɗi. Ya nemi sallama, aka yi ta ja masa rai, daga ƙarshe Count Arco, wani jami'in fadar, ya fitar da shi da shuri, kamar yadda shi Mozart ɗin ya rubuta wa mahaifinsa. Ya zauna Biyana yana cin guminsa: koyar da 'ya'yan masu kuɗi, shirya wasanni, sayar da kiɗa, karɓar kwangilar opera. Abin lura, a shekararsa ta ƙarshe ya nemi a sa shi mataimaki marar albashi ga shugaban kiɗan cocin Saint Stephen, da fatan ya gaje shi. Albashin coci tabbatacce ne, na 'yan kallo kuwa yau akwai gobe babu.

Yaushe aka fara sayen tikiti don a ji kiɗa kawai?

Abin mamaki, kalandar coci ce ta buɗe wannan ƙofa. A ƙasashen Katolika akan rufe gidajen opera lokacin azumin da ke gaban Ista da wasu ranaku masu tsarki. Jama'a na son nishaɗi, makaɗa na son abinci. A Paris, tun 1725 aka kafa Concert Spirituel don cike waɗannan ranaku da waƙoƙin addini na Latin, amma sannu a hankali simfoni da konceto suka kutsa har suka fi yawa. A can aka fara kaɗa simfonin Mozart ta Paris a bainar jama'a a 1778, a ranar wani idin coci. A Biyana, a 1771 aka kafa wata ƙungiyar makaɗa don tallafa wa matan da mazansu makaɗa suka mutu da marayunsu, tana yin wasanni a azumi da kuma gab da Kirsimeti. A dandalinta Beethoven ya fara bayyana gaban jama'ar Biyana a 1795.

Landan ta fi kowa nisa, domin can attajirai da 'yan kasuwa ne ke riƙe da harkar. Da Yarima Nikolaus ya rasu a 1790, magajinsa ya sallami makaɗan gidan, sai wani mai shirya wasanni, Johann Peter Salomon, ya zo ya ɗauki Haydn zuwa Ingila. Ya je sau biyu, 1791 zuwa 1792 da 1794 zuwa 1795, ya tsara simfoni goma sha biyu, Jami'ar Oxford ta ba shi digirin girmamawa. A dare guda na watan Mayun 1795 ya tashi da gulden 4,000, ninki goma na albashin shekarar da ya fara da shi a gidan Esterházy.

Oratoriyo fa, ibada ce ko nishaɗi?

Ita ce 'yar tsakiya. Labari ne daga Littafi Mai Tsarki, ana rera shi da kwaya da ƙungiyar makaɗa, babu kayan wasa babu kwaikwayo, kuma galibi ba a cikin ibada ake yinsa ba. A Landan Haydn ya ji ana rera ayyukan Handel, gwanin oratoriyo na zamanin Bach, a cocin Westminster da ɗaruruwan mawaƙa, abin ya shige shi. Da ya koma gida ya tsara Halitta, labarin kwanaki shida na farkon duniya, aka fara yin ta a gidan Yarima Schwarzenberg a 1798, sannan a gidan wasan sarki a 1799 ga duk mai kuɗin shiga. Tana buɗewa da kiɗa mai duhu marar alƙibla, muryoyi na raɗa, har a iso kalmar haske, inda kowa da komai ke fashewa da ƙara lokaci guda. An ruwaito cewa a 1808, da aka ɗauko shi a kujera yana tsoho don ya saurara, jama'a suka ɓarke da tafi a wannan wuri, shi kuwa ya nuna sama, yana nufin ba daga gare shi ba ne.

Akwai kuma akasin haka, wato kiɗa marar kalma ko ɗaya da aka yi don ibada. Wajen 1786 wata coci a Cádiz ta Sifaniya ta nemi Haydn ya tsara kiɗan Juma'ar da ke gaban Ista. Akan lulluɓe cocin da baƙin ƙyalle, a bar fitila guda, mai wa'azi ya karanta ɗaya daga cikin kalmomi bakwai da Kirista suka yi imani Yesu ya furta a kan gicciye, ya yi bayani, ya durƙusa, sai makaɗa su cike shirun. Kashi bakwai a jere, duka a hankali, sannan girgizar ƙasa a ƙarshe. Cikin shekara guda masu ɗab'i suna sayar da shi an mayar da shi na goge huɗu da na fiyano, mutane na kaɗawa a falonsu.

Da gaske Salieri ne ya sa wa Mozart guba yana tsara Requiem?

Babu hujja ko ɗaya. Jita-jita ce da ta yaɗu bayan shekaru, marubuta wasanni da masu fim suka ƙara mata gishiri. Antonio Salieri shi ne shugaban kiɗan fadar sarki daga 1788, ya fi Mozart muƙami da albashi, daga baya ma ya koyar da ɗan Mozart, kamar yadda ya koyar da Beethoven da Schubert.

Gaskiyar labarin ta fi ƙaryar daɗi. Wani basarake, Franz von Walsegg, matarsa ta rasu a farkon 1791, ya aiko ɗan aike a ɓoye ya ba da kwangilar Requiem, da niyyar ya nuna shi a matsayin nasa. Mozart ya kwanta da zazzaɓi da kumburin jiki, ya rasu ranar 5 ga Disamba 1791 yana da shekara 35, aikin bai kammala ba. A sashen Lacrimosa, gaɓa takwas kawai ya rubuta. Matarsa Constanze na buƙatar cikon kuɗin, ta nemi waɗanda za su ƙarasa, daga ƙarshe Franz Xaver Süssmayr ya kammala. Walsegg ya jagoranci rera shi a 1793 da sunansa a kai.

Furotesta da Kiristocin Gabas fa?

A arewacin Jamus tsohuwar al'adar Bach ta yi sanyi. Ɗansa Carl Philipp Emanuel ya bar fadar Frederick na Prussia a 1768 ya koma Hamburg yana kula da kiɗan manyan coci biyar har rasuwarsa a 1788, amma an fi tunawa da shi don kiɗan ɗaki. Babban aikin mahaifin kan wahalar Yesu bisa Linjilar Matiyu ya kwanta har 1829, lokacin da Mendelssohn ya farfaɗo da shi a Berlin, a zauren kiɗa. A Rasha cocin Otodoks ba ta yarda da kayan kiɗa sam, murya ce kawai. Duk da haka Dmitry Bortniansky, wanda ya yi karatu a Italiya ya kuma tsara opera, ya shigar da salon zamanin cikin waƙoƙin kwayar fadar sarki.

Mata suna ciki?

A gidan opera mace na iya zama tauraruwa ta fi mai tsara kiɗan samun kuɗi. A coci abin ya danganta da gari. A Rum ba a barin mata su rera a kwaya, sai a yi amfani da yara maza ko kuma mazan da aka dandaƙe tun suna ƙanana don muryarsu ta zauna siririya, mummunar al'adar da ta ciyar da coci da opera duka, ta kuma ja har farkon ƙarni na 20. A Ostiriya an fi sassauci: Constanze ta rera a cocin Saint Peter ta Salzburg a 1783. Marianna Martines ta Biyana, wadda Haydn ya koyar tana yarinya lokacin yana haya a ɗakin saman gidansu, ta tsara Mas da oratoriyo, kuma a 1773 makarantar kiɗa ta Bologna ta karɓe ta mamba. Muƙamin shugabar kiɗan coci ko fada kuwa ba a ba mace. Yayar Mozart, Nannerl, wadda suka zaga Turai tare suna yara, da ta girma aka bar ta gida.

Akwai hannun Musulmi ko baƙar fata a wannan kiɗa?

Akwai. Sojojin Daular Usmaniyya sun yi wa Biyana ƙawanya a 1683, kuma kiɗan yaƙinsu ya zauna a kunnen Turawa. Bayan ƙarni guda ya zama abin yayi: babbar ganga da faifan ƙarfe masu amo sun shiga operar Mozart ta 1782 da aka gina labarinta a gidan wani Pasha, da simfonin Haydn ta 100, har da ƙarshen simfonin Beethoven ta tara. Kwaikwayo ne daga nesa, ba kiɗan Turkiyya na ainihi ba. A Istanbul kuwa, a daidai lokacin, Sarki Salim na 3 da kansa yana tsara kiɗa, kuma Dede Efendi yana tsara na zikirin ɗariƙar Maulawiyya da na fada duka biyu.

A Paris akwai Joseph Bologne, wanda aka fi sani da Chevalier de Saint-Georges, haifaffen Guadeloupe, ɗan wani Bafaranshe mai gona da wata baiwa 'yar asalin Afirka. Gwanin goge ne da takobi, kuma ƙungiyar da yake jagoranta ce ta fara kaɗa simfoni shida da Haydn ya tsara wa Paris.

Me juyin juya halin Faransa da yaƙe-yaƙen Napoleon suka canza?

Sun karya tattalin arzikin tsohon tsarin. Bayan 1789 an ƙwace dukiyar coci a Faransa, makarantun kwaya suka rufe, gwamnati ta kafa makarantar kiɗa ta Paris a 1795, manyan waƙoƙin taro suka koma yabon ƙasa da 'yanci. A 1803 aka rushe mulkin bishop-bishop a ƙasashen Jamus, Salzburg na ciki.

Yaƙin ya shiga har cikin Mas. Da aka sassauta dokokin Joseph, Haydn ya tsara manyan Mas shida tsakanin 1796 da 1802 don bikin shekara-shekara na matar sabon Yariman Esterházy. A na 1796, lokacin da sojojin Faransa ke matso wa Ostiriya, ana tsakiyar roƙon salama sai a ji tambari na rugugi can ƙasa-ƙasa. A na 1798 babu dangin sarewa, domin Yarima ya sallami masu busa su don rage kashe kuɗi, sai Haydn ya yi da goge, kakaki uku, tambari da ogan. Talaucin nan ne ya ba shi kaifin da ya sa mutane da yawa, har da ni, ke ganin ya fi sauran.

Beethoven ya tsara kiɗan coci kuwa?

Kaɗan, amma mai nauyi. Shi bai taɓa sa kayan fada a Biyana ba. A 1809 ma manyan masu sarauta uku ne suka haɗu suka yi masa alkawarin florin 4,000 a shekara (florin wani suna ne na gulden) don kawai kada ya bar garin. Mas ɗinsa na farko, na 1807, gidan Esterházy ne ya nema, Yarima bai ji daɗinsa ba, suka rabu ba daɗi.

Na biyu, Missa solemnis, ya fara shi a 1819 don bikin naɗa ɗalibinsa kuma majiɓincinsa, Yarima Rudolph, babban bishop na Olmütz a watan Maris 1820. Biki ya zo ya wuce, aikin bai ƙare ba sai 1823. Ya kai kusan minti tamanin, ya fi ƙarfin kowace ibada ta yau da kullum, kuma shi ma ya sa kakakin yaƙi a cikin Agnus Dei. Beethoven ya sayar wa fadoji kwafin hannu kan ducat 50, wato tsabar zinariya hamsin, kowane. An fara rera shi cikakke a Saint Petersburg a watan Afrilun 1824, a wasan tara kuɗi, ba a coci ba. A Biyana, ranar 7 ga Mayu 1824, an rera kashi uku nasa a gidan wasa, kuma da yake hukuma ta hana rera Mas a irin wannan wuri, sai aka tallata su da sunan manyan waƙoƙin yabo uku. A daren ne kuma aka fara kaɗa simfoni ta tara, inda ya shigar da kwaya cikin simfoni tana rera waƙen marubucin Jamus Schiller kan 'yan'uwantakar bil'adama da Uba mai ƙauna a bayan taurari. Kurma ne a lokacin, sai da aka juyo da shi ya ga jama'a na tafi.

Har yanzu ana rera waɗannan Mas a coci?

An yi lokacin da aka so korarsu. A ƙarni na 19 wata ƙungiya da Franz Xaver Witt ya kafa a Jamus a 1868 ta yi ta fafutukar a koma tsohuwar rerawar Gregory mai kari ɗaya ba kayan kiɗa, da salon Palestrina, gwanin kiɗan coci na ƙarni na 16, tana ganin Mas ɗin Haydn da Mozart sun cika fara'a da ado. A 1903 Fafaroma Pius na 10 ya fitar da doka da ta hana salon gidan wasa a ibada, ta hana fiyano da ganga, ta ce sauran kayan kiɗa ban da ogan sai da izinin bishop. Ostiriya da Bavaria dai ba su saki al'adarsu ba. A Biyana har gobe ana rera su ranar Lahadi a cocin tsohuwar fadar sarki da cocin Saint Augustine da ke kusa da ita, inda masu ibada da 'yan yawon buɗe ido ke zama a benci ɗaya. A sauran duniya an fi jin su a zauren kiɗa, a faifai, ko a YouTube.